Murfin Zuciyata da Ludayin Dada

Nafisa, ke kika jawo wannan babin, don haka ki karanta wa ƙannenki shi da kanki. Da kika zo hutun nan kina kwance a tabarma kina bitar karatunki da ƙarfi kamar mai tallar gyaɗa, kika ɗauko wata doguwar kalma ta Turanci, kika maƙale a tsakiyarta. Ni ina gefe ina tankaɗe, ban ma san lokacin da bakina ya ƙarasa miki ita ba: disalularaizeshan. Kika tashi zaune kika saki baki kina kallona, wai ina na san wannan, ni da na ƙare rayuwata ina koya wa 'yan aji biyu lissafi da tsinken ashana. Na ce miki a gari na tsince ta. To ba a gari na tsinta ba, a ƙirjina take. Kun san an yi mini aikin zuciya kafin a haife ku, kun ga tabon. Sauran kuma kun ji shi a bakin yara a makaranta, na sani, domin ƙanenki Kabiru ya taɓa dawowa da riga a yage ya ƙi faɗin dalilin faɗan. Ba wanda ya taɓa tambayata a cikinku, kuma na gode. Amsar ita ce e, gaskiya ne. Murfin da ke cikin zuciyata daga jikin alade aka ciro shi. Ko yanzu da nake rubutawa sai da na ajiye biro na kalli ƙofa.

Lokacin muna zaune a gidajen reluwe na nan Kafanchan, babanku yana gyaran famfuna da tukwanen injin da ya riga ya daina jan jirgi. Aurenmu ya daɗe, ciki biyu sun zube. Ni kuma sai haki. In na ɗebo ruwa bokiti ɗaya sai na zauna a bakin rijiya ina numfashi kamar wadda aka koro, ƙafafuna su kumbura har silifa ta ƙi shiga. Aka yi jiƙe-jiƙe, aka yi rubutu, aka ce shawara ce, aka ce iska. Da ƙyar dai aka tura mu babban asibitin koyarwa, aka ɗora mini na'ura a ƙirji, aka ce wani murfi da ke buɗewa yana rufewa a cikin zuciya ya lalace, tun daga wani ciwon maƙogwaro na yarinta da ba wanda ya kula da shi. Babanku ne ya fara ganewa. Ya ce bawul ne, irin na famfo, in ya ci sai ruwa ya riƙa komawa baya. Ya faɗa da murmushi don ya kwantar mini da hankali.

Sai na gaya muku wace ce Dada a wurina, in ba haka ba ba za ku gane abin da na ji tsoron rasawa ba. Ku kun san ta tsohuwa mai ba ku kindirmo tana tsokanarku. Ni uwata ce, kuma ni ce 'yar farinta, a rugarmu ta bayan Godogodo kuwa uwa ba ta nuna wa ɗan fari so. Tunda na buɗe ido ban taɓa jin sunana a bakinta ba. "Ke" ce, ko "waccan". Ba ta rungume ni, ba ta zama kusa da ni in da mutane. Abu ɗaya ne tsakaninmu. Duk ranar da muka haɗu, ko ni na je ko ita ta zo, sai ta dama fura a ƙwaryarta, ta sha ludayi ɗaya, ta miƙo mini ludayin nan ba tare da ta kalle ni ba. Mu yi ta karɓa-karɓa har ƙwarya ta ƙare, ba mai cewa uffan. Wannan shi ne gaisuwarmu, shi ne hirarmu, shi ne duk abin da ta taɓa ce mini na ƙauna. Ludayin ma nata ne ita kaɗai, ɗan ƙarami mai tsagewa a baki wanda ta ɗinke da zare.

A shekarar wasu likitoci suka zo daga waje aikin taimako, sunana ya shiga cikin waɗanda za a yi wa. Wadda take mana bayani wata likita ce 'yar wajen Zangon Kataf, doguwa, ba ta da kwana-kwana. Ta ce murfi iri biyu ne. Akwai na ƙarfe, wanda ba ya lalacewa, amma sai na sha maganin tsinka jini har ƙarshen rayuwata, maganin kuma yana iya cutar da ɗan da ke ciki. Akwai na nama, wanda zai bar ni in haihu, amma yana tsufa, wata rana sai an sake buɗe ƙirjin.

Na ce, "Na nama. Naman me?"

Ta kalli hijabina, ta kalli hular babanku, ta ja kujera ta zauna.

"Malama, ba zan ɓoye miki ba. Ana yin na saniya, ana yin na alade. Wanda suka zo da shi daidai da girman naki, na alade ne."

Wallahi ji na yi kamar an watsa mini ruwan wanke-wanke a gaban mutane. Na ce a'uzubillahi da ƙarfi, na miƙe zan fita, haki ya mayar da ni kujera. Ita kuwa ba ta ji haushi ba. Ta tambaye ni ko na san soso, wanda ke hawa danga. Na ce wace irin tambaya ce wannan, wa bai san soso ba.

"To in yana ɗanye, kamar kabewa yake, da tsoka da ruwa da 'ya'ya. In ya bushe aka ɓare, aka jiƙa, aka wanke, me ya rage?"

"Saƙar."

"Haka jiki yake. Kowane nama ƙananan ƙwayoyi ne masu rai, waɗanda ido ba ya gani, suna zaune a cikin wata saƙa da ke riƙe da su. Ƙwayoyin nan su ke ɗauke da shaidar mai jikin, su jikinki zai gani ya ce wannan baƙo ne, ya yaƙe shi. To akwai wankin da ake yi da wasu ruwan magani, a yi ta yi har ƙwayoyin su fita, a bar saƙar kawai. Wannan wankin shi muke kira disalularaizeshan. Cire ƙwayoyin halitta ke nan. Ana yi wa fata don masu ƙuna, ana yi wa jijiya, ana yi wa murfin zuciya."

Babanku ya ce, "Ke nan ya daina zama na alade?"

"Ban ce haka ba, Malam. Saƙar a jikinsa aka saƙa ta. Abin da na ce, ba jininsa, ba ƙwayoyinsa, ba abin da yake rayuwa a ciki. Muna sa rai nata ƙwayoyin su zo su lulluɓe shi a hankali. Sauran kuma tambayar malamanku ce, ba tawa ba."

Babanku ya je ya sami limaminmu shi kaɗai. Liman ya ce wannan larura ce, rai ake ceto, kuma ba ci aka ce in yi ba, in je a yi. Hukunci ya fito sarai, ba ni da ja a kai. Amma hukunci daban, abin da cikina yake ji daban. Na yi kwanaki ko nama ba na iya kallo. Abin da ya yanke maganar shi ne wata safiya da na ga maƙwabciyarmu tana shanya kayan jariri a igiya, 'yan riguna kamar tafin hannu. Na ce wa babanku a sa mini na naman, amma da sharaɗi: daga ni sai shi sai liman. Ko Dada saniya za a ce mata.

Sai dai mun manta da Maman Bulus. Kun san ta, ba sai na kwatanta ba, amma ku ba ku san ta da ƙarfinta ba. Katangarmu ɗaya. Tana kiwon aladu a wani fili can bayan layin dogo, tana kai su kasuwar Alhamis, kuma saboda mu ta ware tukunya guda da cokula da kwanuka waɗanda naman nan bai taɓa shiga ba. "Tukunyan Ramatu" take ce mata, ko 'ya'yanta ba su isa su taɓa ba. Da Kirsimeti a ciki take dafa mana shinkafa da kazar da babanku ya yanka, da Sallah ni ma in aika mata. Da aka tashi aikin, Dada ba ta iya zaman asibiti, ƙannena mata duk da goyo. Maman Bulus ta ɗaure zaninta ta bi mu. Ita ta yi jinyata, ita ta share mini amai, ita ta riƙe mini bututu in zan juya. A nan ta ji komai a bakin ma'aikatan, ba wanda ya ce mata sirri ne, domin a idonta babu abin ɓoyewa a ciki. Da na fara taka ƙasa ta riga mu dawowa gida don ta duba dabbobinta.

Ranar Lahadi a cocinsu akwai lokacin da ake ba da shaida, wanda Allah Ya yi wa wani alheri ya tashi ya faɗa a gaban jama'a, a yi tafi. Matar nan ta yi azumi saboda ni, ta sa sunana a addu'a mako-mako, to ina za ta iya zama? Ta miƙe a gaban coci cike, ta ba da labarin tun daga hakina har zuwa ɗakin tiyata. Ta rufe da cewa su dubi ikon Ubangiji, dabbar da ake rainawa ita ce ta ba maƙwabciyarta rai. Aka yi guɗa. A cikin masu guɗar akwai masu sayar da citta a kasuwa, akwai malaman makarantarmu, akwai matar mai nikan unguwa. Kafin motarmu ta shigo gari, labarin ya riga ya sha ruwa ya huta.

Ban sani ba sai washegarin dawowata. Ina kwance a falo na ji kiɗan tulu da caki yana matsowa. Zumuntar matan cocinsu ce gaba ɗaya, da anko, suka cika tsakar gidan suna waƙar godiya, an ɗauko mini doya da acca da sabulu. Maƙwabtanmu Musulmi suka fito kallo, suka tsaya a bakin ƙofa. Shugabar zumuntar ta kama hannuna tana hawaye.

"Malama, mun ji shaida. Kai, Allah da girma! Alade fa! Wa zai ce?"

Na kalli bakin ƙofa, na ga Hajiya Asabe, wadda muke sahu ɗaya a Islamiyya, ta kai gefen mayafinta ta rufe hanci. Ba ta san ta yi ba, na tabbata, hannunta ne ya tafi da kansa. Da ƙasa ta tsage a lokacin da na shige na ja ta na rufe. Na yi murmushi, na yi godiya, na karɓi doya. Da suka watse na sa aka kira mini Maman Bulus, na manta da ɗinkin da ke ƙirjina, na wanke ta tas. Na ce ta tona mini asiri, ta tsiraita ni a kasuwa, wa ya aike ta. Ta tsaya da hannu a ƙirji.

"Ramatu, ni na yi murna ne. Ka kusa mutu, ka tashi. In ban gode ma Allah a gaban mutane ba, a ina zan gode?"

"Ki gode da naki cikin, ba da nawa ba!"

Ta fita tana kuka. Na daina gaishe ta. Duk da haka kowane 'yan kwanaki sai na ga tukunyar nan tawa a bakin ƙofa, da gwaten acca a ciki da zafinsa. In mayar da ita ban taɓa ba, jibi ta sake dawowa.

Ba wanda ya zage ni a fuska, kada ku ɗauka haka. Mutanenmu ba mugaye ba ne, ƙyama ce kawai, kuma ni ma da wata aka yi wa da na yi. Sai dai abu ya riƙa fitowa a ƙananan wurare. A ba ni ruwa a kofin da na ga an ajiye shi daban bayan na sha. Yara su bi ni a baya suna wani gurnani, in na juya su watse. Ni da kaina na fara tsarguwa da jikina, in na yi alwala sai in ji kamar ba ta kama ba, in sake, in sake. Sai na riƙe kalmar nan ta likita kamar makami. Na yi ta maimaita ta a ɗaki har ta zauna a harshena, ina ganin duk ranar da aka taɓa ni zan fito da ita kowa ya yi shiru.

Ranar ta zo a wani suna a Unguwar Masallaci. Aka fito da tuwo a manyan farantai, mata suka kewaye, biyar-biyar shida-shida. Na wanke hannu na matsa inda ƙawayena suke. Sai ga uwar gidan da wata 'yar langa a rufe.

"Malama, ga naki nan. Saboda jikinki, kar a matse ki."

Kun san bakina. Na miƙe tsaye a tsakiyar gidan mutane, na ce ba jikina ba ne, na san dalili, kuma jahilci ne. Na ce an yi masa disalularaizeshan. Na faɗe ta da ƙarfi, gaɓa-gaɓa, kamar mai kiran sunayen 'yan aji. Gidan ya yi tsit. Wata tsohuwa daga can ƙurya ta ce, "Me ta ce? Sunan aladen ke nan?" Aka fashe da dariya, har da masu riƙe ciki. Na tsaya da hannuna a jiƙe, na rasa inda zan sa shi. Kalmar daidai take, ma'anarta daidai take, amma ni na ɗauko ta ne don in fi su, ba don su gane ba. Na ɗauki mayafina na fita ko takalmi ban saka daidai ba. Daga ranar na daina zuwa taro.

Duk wannan da sauƙi. Masu tallar nono suna shigowa gari kullum, kuma abin da ya shiga kunnensu da rana yana kwana a ruga. Dada ta zo duba ni bayan an kwana biyu. Ta gaisa da babanku daga nesa, ta zauna a inda ta saba, ƙarƙashin gwandar nan, ta kwance ƙwaryarta. Ina kallon hannunta tana dama fura, zuciyata, sabuwar, tana bugawa har a kunnena. Da ta gama sai ta ɗaga kai ta ce wa ƙanwata da ta rako ta, da Fulatanci, ta ɗauko kofi a kicin. Ta zuba mini a kofin roba. Ta tura mini shi da bayan hannu. Ita kuma ta sha da ludayinta, ta wanke shi, ta naɗe a tsumma. Ba ta tambaye ni komai ba, ni ma ban ce komai ba, domin ba a yin irin wannan maganar da uwa. Na shanye furar nan tana wuce mini kamar yashi. Dariyar gidan suna ba ta kai rabin wannan ba.

Haka muka zauna har damina ta zagayo ta sake zagayowa. Jikina ya yi kyau, na koma aji, ina hawa tudun makaranta ba haki. Likita ta ba da izini, Allah Ya kawo cikinki, Nafisa, kuma ya zauna. A al'ada haihuwar fari a gidan iyaye ake yin ta, uwa ce ke aikowa a ɗauki 'yarta. Likita ta riga ta ce a asibiti zan haihu, don haka ko an aiko ba zan je ba, amma na so a aiko. Na yi ta sauraron ƙofa. Ba a aiko ba. Ranar da naƙuda ta kama ni babanku yana wurin aiki, na dafa katanga na kira sunan da na daɗe ban kira ba. Maman Bulus ta diro ta kan katangar nan da girmanta, zani a hannu. A cikin mota tana riƙe da kaina na ce ta yafe mini.

"Yi shiru, ka yi numfashi. Wannan karon ko fasto ya tambaya, zan ce ban san ka ba."

Ina cikin ciwo na yi dariya.

Kwana kaɗan da sallamo mu, da hantsi, sai ga Dada da ɗaurin itace a kan wani yaro, da kanwa a ƙulle, da ganyen wanka. Ta zo wankan jego. Ba ta ce ta zo ba, ta dai fara haɗa murhu a bayan ɗaki. Likita kuwa ta ja mana kunne sosai: ba ruwa mai tafasa, ba kunun kanwa, ba kwanciya kan gadon wuta, duk suna iya kayar da zuciyar. Babanku ba ya iya haɗa ido da surukarsa, balle ya hana ta. Ni na fita na tsuguna nesa da ita na faɗa, ina jiran ta tattara kayanta ta koma. Ta kalli wutar. Sannan ta zare itace biyu daga murhun, ta ce a kawo ruwan sanyi a surka.

A banɗaki na juya mata baya, na riƙe zani a ƙirji. Ta ce in saki. Na saki. Ranar ta fara ganin tabon, daga ƙasan wuya har zuwa saman ciki. Na ji numfashinta ya tsaya. Ta zo da sabon soso da ta ɓare a dangar ruga, ta jiƙa shi, ta fara cuɗa mini kafaɗa, ta gangaro, da ta iso tabon sai ta tsaya.

"A ina yake?"

Na kama hannunta, abin da ban taɓa yi ba tunda na yi wayo, na ɗora a wurin. Ta bar shi a nan tana jin bugun. Kunya ta rufe ni har ina jin jiri, amma na ga in ban yi magana yanzu ba, ba zan ƙara samun dama ba. Ban ɗauko doguwar kalmar ba. Da Fulatanci na yi mata, da soson da ke hannunta. Na ce ta tuna yadda yake a danga da tsokarsa da 'ya'yansa, ta dubi yadda ya koma. Na ce haka aka yi wa abin, an wanke duk abin da ke da rai a cikinsa, saƙar kawai aka bari, jinina ne ke bi ta ciki dare da rana. Na ce ban ce ba daga jikin dabbar nan ya fito ba, daga nan ya fito. Na ce na zaɓe shi ne don na ƙarfen zai hana ni haihuwa.

Ta juya soson a hannunta, ta matse shi, ta kalle shi.

"Su wa suka wanke?"

"Likitoci, Dada. A can ƙasarsu."

"Maza?"

"Ban sani ba."

Ta yi tsaki ƙasa-ƙasa, irin na wadda ba ta yarda da wankin maza ba. Sai ta ƙara sabulu a soson, ta wanke tabon nan a hankali, daga sama har ƙasa, ta ɗauraye, ta sake wankewa. Da muka fito ta dama mini kunun gero ba kanwa, ta zuba a kofin roba kamar yadda ta saba yi tun bayan aikin. Na ce a raina shi ke nan, wanka dai ta yi don kada a zage ta a ruga.

Ranar suna gida ya cika. 'Yan ruga sun zo, 'yan Islamiyya sun zo, Maman Bulus da mutanenta suna can gefe suna ta aikin girki da tukwanenmu. Ina ɗaki a bakin gado da ke a cinya, mata sun kewaye ni. Goggo Adama, yayar babana, wadda ba ta iya rage murya, ta leƙa fuskarki ta ce tubarkalla. Sannan ta juya wajen Dada ta ce, da Hausa don kowa ya ji, ita fa tana ganin da an nemi mai shayarwa, ko a haɗa yarinyar da madarar shanu, tunda nono daga jini yake, jinin kuma kowa ya san ta inda yake bi. Ɗakin ya yi shiru irin na gidan sunan nan. Na sunkuyar da kai ina kallon ɗan yatsanki, fuskata kamar an kara mata garwashi. Nono yana zuba a rigata, na kasa ɗaga ki in ba ki.

Dada tana zaune a ƙasa kusa da ƙofa. Ta jawo ƙwaryarta, ta kwance tsumma, ta fito da ludayin nan mai ɗinki. Ta dama fura a nitse, kowa yana kallo, kamar ba ta da wani aiki a duniya. Ta taso, ta ratsa mata, ta zo ta tsuguna a gabana, ita da ba ta zama kusa da ni a cikin mutane. Ta cika ludayin. A iya sanina ita ke fara sha. Ranar ba ta sha ba, ta miƙo mini, fuskarta a gefe.

"Ke. Sha."

Na sha rabi, fura tana zuba a haɓata. Ta karɓe ludayin, ta kai daidai inda bakina ya taɓa, ta shanye sauran. Ta sake cikawa ta miƙo. Sai da muka yi haka har ƙwaryar ta yi rabi, sannan ta nuna ki da haɓa.

"Yarinya tana kuka. A ba ta nono."

Na ba ki a gaban kowa. Goggo Adama ta tashi wai za ta duba tuwo.

Kunyar ba ta tafi duka ba, ba zan yi muku ƙarya ba. Har yau in motar aladu ta wuce ranar Alhamis suna ihu, nakan yi kamar ina neman abu a jaka. Dada kuma har ta koma ga Allah ba ta kira sunana ba, ba ta kuma sake tayar da maganar ba. Kofin robar dai ban ƙara ganinsa ba.

Hakin ya dawo, kun lura, ko da kuna yi kamar ba ku lura ba. Murfin ya tsufa kamar yadda aka gaya mini tun farko, ya ma wuce lokacin da aka ɗiba masa, kuma bayan Sallah za a sake buɗewa. Na san ranar da na zaɓa cewa wannan ranar tana nan tafe, kuma da za a mayar da ni ofishin likitar nan in ga fuskokinku ukun, shi zan sake zaɓa. Nafisa, ki ci gaba da karatunki, ki iya kalmar da kyau, amma in za ki yi wa tsohuwa bayaninta ki nemi soso. Maman Bulus ta ce za ta bi ni jinya, na ce ƙafarta ba za ta iya ba, ta ce in rufe mata baki. In kun tashi haɗa mini jakar asibiti, ku duba cikin kwallar da ke saman kabad, akwai wani tsumma a naɗe. Ku sa mini shi a ciki. In na farka, da shi nake so a fara ba ni ruwa.